Alƙalamin Naɗi da Ajalin Gwamnatin Haɗaka: Libreville 1957, Yamai 1993

Unguwar Glass tana bakin ruwa, kudu da tsakiyar Libreville, kuma ta girmi birnin kansa. Garin Mpongwe ce tun asali, ta ci sunan wani sarkinsu da fataken Turawa ke kira Glass. A nan 'yan mishan na Amurka suka kafa tasharsu ta Baraka a 1842, har da makaranta, shekara bakwai kafin Faransawa su sauke 'yantattun bayi a kusa su raɗa wa wurin Libreville a 1849. A 1844 Faransa ta samu sa hannun Sarki Glass a kan wata yarjejeniya da manyan garin suka dage cewa da yaudara aka karɓe ta, da ƙorafi ya yi yawa kuma sai igwar jirgin ruwa ta rufe bakin magana. Gadon da wannan tarihi ya bari shi ne ya shafe mu: ƙaramar al'umma ta bakin teku, masu harshen Myene, waɗanda suka riga kowa shiga boko, suka zama akawuna da tafintoci a ofisoshin mulkin mallaka da kantunan Turawa, amma ba su da yawan kai. Fang, waɗanda suka gangaro daga arewa a ƙarni na 19, su ne masu yawa. Ranar da ƙuri'a ta zama ta kowa da kowa, 'yan bokon Glass da danginsu na Lambarene da Port-Gentil suka wayi gari dole sai da abokin tafiya.

Daga wannan buƙata aka haifi jam'iyyar BDG a farkon shekarun 1950. Paul Gondjout, ɗan Myene mai wakiltar Gabon a majalisar dattawan Faransa tun 1949, ya haɗa kai da Leon Mba, ɗan Fang haifaffen Libreville, wanda Turawa suka taɓa kora zuwa Ubangi-Shari ya yi shekaru a can bai dawo ba sai 1946. Gondjout na da ilimi da hanyoyin Paris, Mba na da jama'ar unguwanni. Abokin hamayyarsu shi ne Jean-Hilaire Aubame, shi ma Fang, ɗan majalisar dokokin Faransa daga 1946, jagoran jam'iyyar UDSG mai ƙarfi a lardin Woleu-Ntem na arewa, inda garuruwan Oyem da Bitam suke, waɗanda Hausawa 'yan kasuwa suka daɗe da zama a cikinsu.

Idan gwamnatin haɗaka ta rushe da wuri, bayanin da aka fi saurin kawowa shi ne saɓanin aƙida, ko ƙabilanci, ko baƙin halin shugabanni. Duk suna taka rawa, amma ba su isa su bayyana dalilin da ya sa mutanen da suka kasa zama tare ko shekara guda za su iya dawowa su zauna shekara tara ba. Hujjar wannan maƙala ita ce tambaya biyu ke yanke wa irin wannan gwamnati ajali. Shin mai riƙe da alƙalamin naɗi zai iya samo ƙuri'un da za su maye gurbin na abokin ƙawancensa? Sannan, shin kason da aka ba abokin yana ƙarƙashin wannan alƙalami ne, ko yana inda alƙalamin ba ya kaiwa? Gabon ta 1957 da Nijar ta 1993 sun amsa tambayoyin ta hanyoyi daban, sakamakon ya bambanta, ko da yake a duka biyun sai da soja ya yi juyin mulki.

Dokar da Faransa ta kafa a watan Yunin 1956, wadda ake jinginawa ga minista Gaston Defferre, ta ba kowane baligi ƙuri'a, ta haɗe akwatin Turawa da na 'yan ƙasa, ta kuma ba kowace ƙasa majalisar gwamnati wadda gwamna Bature ke shugabanta, ɗan ƙasa na mataimaki. Aka yi zaɓe ranar 31 ga Maris 1957. Mai karatu na Maraɗi ko Damagaram zai tuna wannan rana, domin ita ce ta kai Jibo Bakari kan gwamnatin Nijar. A Gabon kujeru 40 ake nema. UDSG ta zo kan gaba amma ba ta kai 21 ba, BDG na biye, ragowar kujerun suka watsu a hannun 'yan indifenda da ƙananan ƙungiyoyin yankuna, cikinsu har da Turawa masu sana'ar katako. A lokacin itacen okume ne arzikin ƙasar, man fetur bai kankama ba, kuma masu yankan katakon sun fi natsuwa da Mba, wanda ya zama magajin garin Libreville a watan Nuwamban 1956. Masana tarihin Gabon suna yawan ambaton sunan Roland Bru cikin attajiran katako da suka tsaya masa. Tsakanin ranar zaɓe da ranar zaman majalisa aka yi cinikin da aka yi, BDG ta shiga zaure da mutum 21. Ranar 21 ga Mayu 1957 Leon Mba ya zama mataimakin shugaban majalisar gwamnati, jam'iyyar da ta fi kujeru kuwa aka ba ta wasu ma'aikatu a matsayin ƙaramar abokiyar tafiya.

Masanin siyasa na Amurka William Riker, a littafinsa na 1962 kan ƙawancen siyasa, ya kawo ra'ayin cewa masu neman mulki sun fi son haɗakar da ta isa rinjaye cif-cif ba ƙari, domin duk bakin da ya ƙaru yana rage kason kowa. Ashirin da ɗaya cikin arba'in kamar don wannan ra'ayi aka ƙirga shi. Idan haka ne, ministocin UDSG rara ce tun ranar farko: Mba na da rinjayensa ko babu su. Amfaninsu shi ne su ba gwamnatin kamannin ta kowa a idon gwamna da idon Paris. Aubame, wanda ya zauna a majalisar Jamhuriya ta Huɗu ta Faransa, inda gwamnatoci fiye da ashirin suka tashi suka faɗi cikin shekara goma sha biyu, ya ɗauko dabarar da ya sani daga can. Ba a jima ba ya umarci mutanensa su ajiye muƙamansu, ya gabatar da ƙudurin yanke ƙauna ga gwamnati. Lissafinsa shi ne rinjayen da aka ɗinka da 'yan indifenda ba zai jure girgiza ba, mutum biyu kawai yake buƙata su zame. Ba wanda ya zame. Ƙudurin ya faɗi da ƙuri'a 21 da 19.

Abin da ya biyo baya ya fi ƙuri'ar kanta muhimmanci, kuma nan ne ra'ayin Riker ya gaza, domin ya ɗauki kowace jam'iyya a matsayin dunƙule guda mai motsi tare. Fitar UDSG ta bar kujerun minista a buɗe, kuma Mba ne zai cike su. Ɗan majalisar da ya fito daga wani lungun daji, jama'arsa na jiran hanya da asibitin sha-ka-tafi da gurbin karatu ga 'ya'yansu, ya duba ya ga inda alƙalami yake. 'Yan UDSG suka fara sauya sheƙa ɗaya bayan ɗaya, har rinjayen Mba ya kai 29 cikin 40, ba tare da an sake jefa ƙuri'a ko ɗaya a akwati ba. Jam'iyyun Gabon na wancan zamani taron manyan gari ne, kowa da jama'arsa a aljihu, kujerarsa tasa ce ba ta jam'iyya ba, babu kuma dokar da za ta ƙwace ta idan ya ƙetare. Aubame ya yi zaton janyewarsa za ta kayar da gwamnati, sai ta ƙara wa Mba abin rabo.

Sauran labarin maimaici ne, kowane zagaye ya fi na baya tsanani. Gabon ta samu 'yanci ranar 17 ga Agusta 1960. Gondjout, wanda ya zama shugaban majalisar dokoki, yana son tsarin da majalisa ke riƙe da linzamin gwamnati, Mba na son shugaban ƙasa mai cikakken iko. A watan Nuwamban 1960, da aka fara shirin ƙudurin yanke ƙauna, Mba ya kafa dokar ta-ɓaci ya kama Gondjout duk da rigar kariyarsa, ya rusa majalisa. Tsohuwar haɗakar Myene da Fang da ta kafa BDG ta ƙare a kurkuku. Da ya rasa wannan reshe, sai Mba ya koma ga Aubame. A zaɓen 12 ga Fabrairu 1961 jam'iyyun suka tsaya a jeri guda na haɗin kan ƙasa, Mba ya zama shugaban ƙasa ba abokin takara, sabon kundin tsarin mulki ya tattara iko a hannunsa, Aubame ya karɓi ma'aikatar harkokin waje. Wannan haɗaka ta yi shekara biyu. A Fabrairun 1963, da UDSG ta ƙi narkewa cikin BDG a zama jam'iyya ɗaya, aka sallami ministocinta, in ban da François Meye da ya zaɓi ya zauna.

Dabarar da Mba ya yi wa Aubame bayan nan ta cancanci a tsaya a kanta, domin ta nuna naɗi kansa yana iya zama makami. Ya naɗa shi shugaban kotun ƙoli, muƙami mai girma a ido, da nufin a ce bai halatta ya haɗa shi da kujerar majalisa ba, ya rasa kujerar da kariyar da ke tare da ita. Aubame ya gane, ya ajiye kotun a watan Janairun 1964 ya riƙe kujerarsa. Mba ya rusa majalisa ranar 21 ga watan. Daren 17 wayewar 18 ga Fabrairu, wasu ƙananan hafsoshi suka kama shugaban ƙasa, suka kira Aubame ya jagoranci gwamnatin riƙo. Faransa ta turo sojoji daga Dakar da Brazzaville, aka yi artabu a barikin Baraka, a wannan ɓangare na birnin da Glass take, kafin kwana uku Mba ya koma kujerarsa. Kotu a Lambarene ta yanke wa Aubame shekara goma a kurkuku da aiki mai tsanani, bai fito ba sai 1972. Abin lura, a zaɓen Afrilun 1964, shugabanninsu na tsare, 'yan hamayya suka ci kujeru 16 cikin 47. Jama'ar da ta zaɓi Aubame a 1957 tana nan ba ta je ko'ina ba, wakilanta ne aka yi ta ɗauke mata. Mba ya rasu a Paris a Nuwamban 1967, magajinsa Bongo ya kafa jam'iyya ɗaya tilo a Maris 1968.

Nijar ta 1993 ta faro daga wani wuri dabam. Taron ƙasa da aka yi a Yamai daga ƙarshen Yuli zuwa farkon Nuwamban 1991 ya kawo ƙarshen mulkin jam'iyya ɗaya, kundin da aka amince da shi ranar 26 ga Disamba 1992 ya kwaikwayi na Faransa: shugaban ƙasa da jama'a ke zaɓa, da firaminista da majalisa ke iya tsigewa. Aka raba kujeru 83 bisa yawan ƙuri'un kowace jam'iyya a jihohi, aka ware takwas cikinsu ga ƙananan ƙabilu. Zaɓen 14 ga Fabrairu 1993 ya ba MNSD-Nasara, tsohuwar jam'iyyar gwamnati, kujeru 29. CDS-Rahama ta Mahamman Usman, mai tushe a Damagaram, ta samu 22. PNDS-Tarayya ta Mahamadu Isufu, mai ƙarfi a Tawa da cikin malaman makaranta da ma'aikata, 13. ANDP-Zaman Lahiya ta Mumuni Adamu Zarmakoy na Doso, 11. Kamar a Libreville, wadda ta zo ta ɗaya ba ta kafa gwamnati ba. Sauran ukun da wasu ƙananan jam'iyyu suka dunƙule a ƙawancen AFC mai kujeru 50, suka yi alkawarin mara wa duk wanda ya kai zagaye na biyu baya a zaɓen shugaban ƙasa. Tanja Mamadu na MNSD ya zo na ɗaya a zagayen farko da kusan kashi 34 cikin ɗari, Usman na biye da kusan 27, amma a zagaye na biyu, ranar 27 ga Maris, Usman ya ci da kusan kashi 54.

An riga an yi rabon tun kafin a ci: fadar shugaban ƙasa ga CDS, ofishin firaminista ga PNDS, shugabancin majalisa ga ANDP. Isufu ya zama firaminista a watan Afrilu, Zarmakoy ya hau kujerar majalisa. Babu abin da ya haɗa 'yan gurguzun PNDS da attajiran Damagaram da gidan sarautar Doso in ban da ƙin MNSD, kuma masu cewa rashin aƙida ɗaya ne ya kashe AFC suna da abin kamawa a nan. Ga kuma baitulmali fayau: farashin yuraniyom ya daɗe da faɗuwa, albashin ma'aikata na bin gwamnati watanni, ƙungiyar ƙwadago ta USTN na yajin aiki, tawaye na ci a arewa. A Janairun 1994 aka karya darajar sefa da rabi, faran ɗaya na Faransa ya koma sefa 100 maimakon 50, kayan masarufi suka tashi. MNSD ta shiga zanga-zanga, har aka tsare Tanja na ɗan lokaci a watan Afrilu.

Sai dai duk wannan wahala ta faɗa kan jam'iyyun ƙawancen uku ne baki ɗaya, amma ɗaya ce ta fita, kuma ba a kan karyewar sefa ko albashi ta fita ba. A watan Satumban 1994 Usman ya sa hannu a kan wata doka da ta janye wasu iko daga ofishin firaminista ta mayar fadar shugaban ƙasa. Ranar 28 ga watan Isufu ya yi murabus, PNDS ta bar AFC ta haɗe da MNSD ɗin da aka kafa ƙawancen don a hana. Zarmakoy, wanda aƙidarsa ba ta fi ta Isufu kusa da CDS ba, ya zauna daram. Bambancinsu a inda kason kowa yake ne. Majalisa ce ta zaɓi Zarmakoy, babu takardar da za ta fito daga fada ta rage masa iko. Isufu kuwa yana zaune ne a cikin gidan zartarwa guda da shugaban ƙasa, inda kowane gwamna, kowane jakada, kowane shugaban kamfanin gwamnati sai an yi jayayyar wa zai naɗa shi. A ƙasar da gwamnati ce kusan kaɗai mai ɗaukar 'yan boko aiki, naɗi shi ne abincin jam'iyya. Firaministan da aka karɓe wa naɗi ba shi da abin da zai faɗa wa magoya bayansa a Illela ko Ƙonni.

A nan hanyar Yamai ta rabu da ta Libreville. Da Usman na da damar da Mba ya samu, da ya cike giɓin PNDS da 'yan sauya sheƙa. Bai samu ba. 'Yan majalisar Nijar sun shiga zaure ne ta jerin sunayen jam'iyya, kowace jam'iyya na da yankinta da jagoran da ke riƙe da jerin, wanda ya ƙetare ya san ba zai ga sunansa a zaɓe na gaba ba. Ga shi kuma gwamnatin da ba ta iya biyan albashi ba ta da abin zawarci mai yawa. Usman ya naɗa Sule Abdullahi na CDS firaminista, majalisa ta kayar da gwamnatinsa ranar 16 ga Oktoba, washegari shugaban ƙasa ya rusa majalisar. Zaɓen 12 ga Janairu 1995 ya dawo da kusan lissafin da aka rusa: MNSD 29, CDS 24, PNDS 12, ANDP 9, sabon ƙawancen MNSD da PNDS da ƙananan abokansu na da 43, ɓangaren shugaban ƙasa 40. Masu zaɓe ba su sauya ra'ayi ba cikin shekara biyu, abin da ya sauya shi ne wa ke zaune kusa da wa.

Duk da haka Usman ya gwada dabarar Mba sau ɗaya. Masu rinjaye suka ba shi sunan Hama Amadu na MNSD shi kaɗai, shi kuwa ya tsallake ya naɗa Amadu Bubakar Sise, ɗan MNSD mai aiki da Bankin Duniya, da fatan ya tsaga jam'iyyar. MNSD ta kori Sise, majalisa ta tsige shi cikin mako biyu, ranar 21 ga Fabrairu 1995 Hama ya zama firaminista, Isufu na shugabancin majalisa. Daga nan aka shiga zaman doya da manja. Shugaban ƙasa ya ƙi zaman majalisar ministoci, firaminista ya sauya shugabannin kamfanonin gwamnati ba da yardarsa ba, aka yi ta kai ƙara kotun ƙoli kan wa ke da ikon tsara ajandar taro. Rigimar dai ta naɗi ce, ta sake sabon salo. Cikin wannan hali ne, abin mamaki, aka sa hannu kan yarjejeniyar zaman lafiya da 'yan tawaye ranar 24 ga Afrilu 1995, wanda ke nuna ɓangarorin na iya haɗuwa a kan abin da bai taɓa rabon muƙamai ba. Ranar 27 ga Janairu 1996 Kanar Ibrahim Bare Mainasara ya kama shugaban ƙasa da firaminista ya kawo ƙarshen Jamhuriya ta Uku, wadda kundin 1992 ya kafa.

Wani zai ce kwatancin bai yi adalci ba, tunda Mba na da Faransa a bayansa, da attajiran katako, Usman kuwa ya zo a lokacin da masu ba da lamuni ke sa sharaɗi. Gaskiya ne, amma wannan ƙarin bayani ne a kan tambayar farko: kuɗin katako da goyon bayan Paris su ne suka sa alƙalamin Mba ya iya sayen rinjaye, talaucin baitulmali da tsarin jerin sunaye suka hana na Usman. Nijeriya ta ba da misali na tsakiya. A 1979 NPN ta Shehu Shagari ta samu kujeru 168 cikin 449 a majalisar wakilai, 36 cikin 95 a ta dattawa, ta ƙulla yarjejeniya da NPP ta Azikiwe. Yarjejeniyar ta mutu a 1981, amma gwamnatin ba ta girgiza ba: tsarin shugaba mai cikakken iko ba ya faɗuwa da ƙuri'ar yanke ƙauna, kuɗin mai kuma na nan. Farfesa Ishaya Audu, wanda ya shiga gwamnati da sunan NPP, ya ci gaba da riƙe ma'aikatar harkokin waje, Edwin Ume-Ezeoke na NPP ya ƙarasa wa'adinsa a kujerar kakakin majalisa.

Gwajin da ya fi ƙarfi ga wannan hujja ya zo ne daga Nijar ɗin kanta, da mutanen nan dai. Bayan kisan Bare a Afrilun 1999 da riƙon Dauda Malam Wanke, aka yi zaɓe a watan Nuwamba. MNSD ta samu kujeru 38 cikin 83, CDS 17. Usman, wanda ya tsare Tanja a 1994, ya sha fama da Hama a 1995, ya mara wa Tanja baya a zagaye na biyu. Aƙida ba ta sauya ba, halin mutanen ma haka. Rabon ne ya sauya: MNSD ta riƙe fada da ofishin firaminista duka biyu, Tanja da Hama, CDS ta karɓi shugabancin majalisa da wasu ma'aikatu. Jayayyar alƙalami ta koma rigimar cikin gida ta MNSD, kujerar Usman na inda dokar fada ba ta kaiwa, Tanja kuwa ba shi da rinjaye sai da CDS. Ƙawancen ya tsallake zaɓen 2004, ya tsallake faɗuwar gwamnatin Hama a ƙarshen Mayun 2007. Ya mutu ne a 2009, lokacin da Tanja ya ɗauko tazarce ya rusa majalisar ranar 26 ga Mayu, wato ya kai hannu kan wurin da aka ce hannunsa ba ya kaiwa. CDS ta janye ministocinta wata na gaba, Salu Jibo ya yi juyin mulki ranar 18 ga Fabrairu 2010.

Kada a ɗauka daga nan cewa kujerar majalisa laya ce. Gondjout na kanta aka kama shi. Tana kare mai ita ne muddin ƙuri'unsa ba su da madadi, kuma muddin mai fada na jin nauyin doka. A 2011 Isufu ya zama shugaban ƙasa da goyon bayan Hama Amadu da sabuwar jam'iyyarsa ta Lumana, aka maimaita rabon 1999: PNDS ta riƙe zartarwa, Hama ya hau shugabancin majalisa. Amma Nijar ta 2013 ba ta 1994 ba ce, an fara haƙo mai a Agadem, matatar Damagaram na aiki, gwamnati na da abin bayarwa. A watan Agustan 2013 Isufu ya kafa gwamnatin haɗin kan ƙasa, ya jawo manyan 'yan MNSD ba da amincewar shugabancin jam'iyyarsu ba. Hama ya ga ƙuri'unsa sun samu madadi, ya fitar da Lumana daga ƙawancen, wasu daga cikin ministocinsa suka ƙi bin sa. Mutumin da ya yi murabus a 1994 saboda an taɓa masa ikon naɗi ya nuna ya fi kowa sanin amfaninsa. Hama ya riƙe kujerar majalisa shekara guda a matsayin ɗan hamayya, ya bar ƙasar a Agustan 2014 kan wata shari'a da ya ce siyasa ce. A watan Nuwamba majalisa ta zaɓi Amadu Salifu ya gaje shi, daga ɓangaren MNSD da ya koma wajen gwamnati.